Alhamis Ranar Ruwa

Bara'atu ba ta san sau nawa ta buɗe shafin nan ta rufe ba.

Zaune take ita kaɗai a ɗan ofishin ƙungiyar wasanni da ke bayan makarantar firamaren da take koyarwa a Wurno. An tashi yara tun ɗazu. Wuta ta ɗauke, fanka ta tsaya, zafin bazara ya cika ɗakin, amma yatsunta sanyi ƙalau kamar ta tsoma su a randa.

Ita ce sakatariyar gasar ƙwallon matasan Wurno da Rabah da Goronyo. Ba don ta san ƙwallo ba, ko wasa ɗaya ba ta taɓa tsayawa ta kalla har ƙarshe ba. Da aka kawo manhajar tsara wasanni ne kowa ya zame, ita kuwa mai son karance-karance ta zauna da ita har ta gane kanta. A ciki ake sa rana da fili da alƙalin wasa, saƙo ya tafi wayar kowane koci da kowane kyaftin.

Wasa iri biyu ne a manhajar. Akwai na gasa, mai maki. Akwai na sada zumunci, wanda ba maki a cikinsa, ba kofi, kuma ba ya tabbata sai ɓangarorin biyu sun danna kore, maɓallin amincewa, ja kuwa na ƙi ne. Wannan na biyun ne ya hana ta sukuni.

Ta riga ta cika komai. Zaratan Wurno a gida, Hasken Boyekai baƙi. Manhajar da kanta ta duba ta zaɓo ranar da fili ba kowa: Alhamis ta sama, bayan la'asar.

Shekara biyu ke nan ƙungiyoyin nan ba su haɗu ba, tun ranar da Zayyanu, kyaftin ɗin Boyekai, ya shiga ƙwace ƙwallo ya karya ƙafar Lawwali, yayanta. Aminai ne tun makarantar kwana, a kwano ɗaya suke ci, ta wajen Lawwalin ma ta san Zayyanu. Ƙafar ta ɗoru a karkace. Lawwali ya bar buga ƙwallo ya koma kocin Zaratan Wurno da sanda a hannu, ya kuma daina ambaton sunan amininsa. Zayyanu ya zo asibiti, ya zo gida, ya aiko manya. Duk Lawwali ya juya fuska bango.

Ita kuwa zuciyarta ta ƙi juyawa.

Da maganar aurenta da Zayyanu ta taso, mahaifinsu Malam Siddiƙu bai yi faɗa ba. Cewa ya yi, "Ni ba ni yi miki tilas, ke ba yarinya ba ta. Amma ƙahwar da tak karye ba tawa ba ta. Ran da Lawwali yab ba yaron ga hannu gaban mutane, in buɗe ma iyayenai zaure. In bai ba shi ba, ba ni buɗewa."

A fili kuwa, kafin a busa usur, dole koci da kyaftin su gaisa hannu da hannu. Abin da ta hango ke nan.

Ba yau ta yi niyyar aikawa ba. So take ta adana, ta lallaɓi Lawwali a hankali, ta bi ta wajen Inna, wataƙila bayan an cire albasa hankali ya kwanta. Maɓallin adanawa da na aikawa kuwa kafaɗa da kafaɗa suke a ƙasan allo.

Ta ɗora yatsa ke nan aka banko ƙofa.

"Salamu alaikum, Malama!"

Ta zabura. Yatsan ya sauka.

Maccido ne, ɗan Gwaggonta, ma'aikacin ƙaramar hukuma kuma shugaban gasar, wanda tun bara mahaifiyarsa ke zarya gidansu da goro da zancen nema masa aurenta. Ya shigo da ƙamshin turarensa yana murmushi, sai wayarsa ta yi ƙara a aljihu.

Ya ciro. Ya karanta. Murmushin ya bi ta wani wuri.

"Bara'atu, mi na wanga?"

Ta kalli allon kwamfutar. An aika. Ga sunanta nan ɓaro-ɓaro a matsayin wadda ta shirya wasa.

"Kuskure na, Yaya Maccido. Adanawa ni so yi."

"Kuskure ya rubuta Boyekai da kainai?" Ya yi 'yar dariyar da ba ta kai ido ba. "To soke shi maza tun Lawwali bai gani ba."

Ta kai hannu. Kafin ta taɓa, wata 'yar alama koriya ta fito gefen Hasken Boyekai.

Zayyanu ya amince. Ko minti bai cika ba.

Ta janye hannunta ta ɗora a cinya.

"Ba ni sokewa," ta ce, muryarta can ƙasa.

Maccido ya daɗe yana kallonta. Ba mugu ba ne, ta sani, tun tana ƙarama shi ke kawo mata littattafai daga Sakkwato. Abin da ya sa idonsa ya fi yi mata nauyi ke nan.

"Ni dai ban karya kowa ba," ya ce a hankali. "Ki tuna da wanga." Ya juya ya fita, ta ji tashin babur ɗinsa, ta kuma san inda ya nufa.

Tana kan hanyar gida, ta bi ta inuwar darbejiya, wayarta ta yi ƙara.

"'Yar boko," in ji Zayyanu, tana jin haki a muryarsa da kukan ruwa a bayansa. "Ina cikin gona wayata tay yi kuka, na duba, saura kaɗan in hwaɗa kwatar ban ruwa. Ke kinka yi wanga?"

"Yatsana yay yi, ba ni ba."

"To a gaishe min da yatsan. Ya hi ki ƙarfin hali."

"Zayyanu, ba wasa ba na. Tsoro ni ka ji. In Yaya yad danna ja, shi ke nan, kowa ya gani, Wurno da Rabah da Goronyo. Ba mu da wata ƙohwa."

"In yad danna ja, aƙalla ya amsa min. Shekara biyu ko zagi bai ba ni ba, Bara'atu. Wallahi na yi marmarin zaginai."

Ta yi dariya, hawaye na bin dariyar.

"Ranar ta yi maka? Manhaja taz zaɓa, ban duba ba."

Ya ɗan yi shiru. Kaɗan ne, amma ta ji shi.

"Ta yi," ya ce. "Ta yi ƙwarai. Share hawayenki kada ki shiga gida da ido ja, Inna ta ce ni na."

Babur ɗin Maccido na ƙofar gida lokacin da ta iso, yana fitowa daga zaure tana shiga. Malam Siddiƙu na zaune kan buzu, carbi a hannu. Ta durƙusa.

"Baba, ina wuni."

"Lahiya. Na ji kin gayyato muna baƙi."

"Baba, don Allah ka yi haƙuri, ni..."

Ya ɗaga hannu. "Ni ban san na'urar ga taku ba. An ce in mutum bai so, ja shi ka dannawa?"

"I, Baba."

"To magana ta tana nan inda tat tsaya. Sai dai ki sani, gwaggonki ta gaji da jira, ni ko kunyarta ni ka ji. In Lawwali yaƙ ƙi, ba ni ƙara jin zancen Boyekai gidan ga. Ki zauna, ko ki duba wani. Tashi ki shiga."

A tsakar gida Inna Kulu na tankaɗe. Ba ta ɗago ba.

"Ke da ko kaza ba ki iya kora, yau ke ka haɗa gari biyu."

"Inna, ina Yaya?"

"Ya ga abin. Ya aje tuwo bai ci ba, ya ɗau sanda ya yi hwadama." Sai a lokacin ta ɗago, idonta ya yi laushi. Ta miƙo kwano a ɗaure da ƙyalle. "Kai mai. Mutum da yunwa ba ya jin magana. In ya yi ihu ki bar shi shi yi, ciki ya daɗe shina ci nai."

La'asar ta yi sanyi lokacin da Bara'atu ta isa gona. Fadama kore shar har inda ido ya tsaya, ganyen albasa tsaye cikin fangali, ruwan da aka sako daga madatsar Goronyo yana bin kwata a hankali. Lawwali na zaune bakin kwatar, ya miƙe ƙafar nan, sanda a gefe, waya a kife kan gwiwa.

Ta ajiye kwanon. Ta durƙusa nesa kaɗan.

"Yaya."

Ya ci gaba da kallon ruwa.

"Yaya Lawwali, sannu da aiki."

"Wane aiki?" Bai kalle ta ba. "Kin ga ina aiki? 'Yan ƙwadago ka shiga ruwa, ni in zauna in nuna da sanda awa tsoho."

"Inna ta ce ka ci."

"Gaban Wurno duka, Bara'atu. Yaran da ni ka horarwa sun dame ni da kira. Maccido ya kira, wai in danna ja in huta. Kin sa ni tsakiyar kasuwa kin tuɓe min riga."

Hawayen da take riƙewa suka ɓalle.

"Wallahi ban yi niyyar aikawa yau ba. Amma ba ni yi maka ƙarya, na yi niyyar aikawa wata rana. Yaya, ni na yi jinyarka. Ni ka riƙe maka fitila sanda ciwo ka hana ka kwana. Na san abin da ka rasa, ba wanda za ya hwaɗa min. In da ƙahwata ka ɗoruwa gare ka da na ba ka."

"To mi ki ka so gare ni kuma?"

"Hannunka. Sau guda."

Ya yi tsaki, amma muryarsa ta karye. "Kin san abin da ya hi yi min ciwo? Ba ƙashin ba na. Na kira shi. Ina ganin ya taho da gudu, na ce Zayyanu, ni na! Bai tsaya ba. Maki ukku sun hi ni gare shi."

"Ya ce bai ji ba."

"Kowa haka shi ka cewa."

"Shi ya sa na zaɓi wanda ba maki," ta ce tana share fuska da gefen hijabi. "Ba abin da kowa ka ci, ba abin da kowa ka rasawa."

Sai ya juyo da wayar ya buɗe. Ta hango maɓallan nan, kore da ja, da wani ɗan ƙarami a ƙasa wanda ba kowa ke lura da shi ba. Babban yatsansa ya tsaya kan jan. Ta rufe ido tana karanto duk addu'ar da ta zo bakinta.

Ba ta ji komai ba.

Da ta buɗe ido, ya kawo wayar kusa da fuska, ya haɗe gira.

"Wa ya sa ranar ga?"

"Manhaja. Ita ta ranar da hili ba kowa."

"Alhamis."

"I."

"Kuma ya amince?"

"Tun kahin in numfasa."

Lawwali ya sauke wayar ya dube ta, karo na farko tun zuwanta.

"Ke malamar makaranta ta, ba ki san komi ba. Alhamis ranar ruwansu ta. Layin gonarsu Zayyanu sau guda a ka buɗe mai ruwa a mako, daga azahar zuwa magariba. Na yi ban ruwa gonar nan da hannuna, na sani. Tudu ta, ba rijiya, ba inji. In ba ka nan tsaye da fartanya kana buɗe fangali, na ƙasa da kai shi janye ruwan, kuma ba wanda ka barin tashi gona shi yi maka taka. Albasa ta fara kai yanzu. Ta yi mako biyu cikin zahin ga ba ruwa, sai dai a ba awaki."

Bara'atu ta dafe ƙirji.

Ta san albasar nan. Ita ce abincin mahaifiyar Zayyanu da ƙannensa mata tun rasuwar mahaifinsu. Ita ce kuma wadda yake yi mata wasa da ita, wai kowane fangali da sunan abin da zai sa mata a lefe.

"Bai hwaɗa min ba. Na tambaye shi, ya ce ta yi."

"Canza ranar."

"Ba ni iyawa. In ɓangare guda ya amince, sai dai in soke duka. Wanda bai amsa ba shi kaɗai ka iya neman wata rana." Ta haɗiye sauran maganar, don su biyun sun san wane ne bai amsa ba.

Ta kira Zayyanu. Ba ta san ta buɗe muryar wayar ba sai da ta ji shi ya cika fadama.

"'Yar boko, har kin yi kewata?"

"Don mi ba ka ce min Alhamis ranar ruwanku ba ta?"

Ya sauke numfashi.

"Wa ya hwaɗa miki?"

"Sokewa za ni yi, Zayyanu."

"Kada ki soma! Bara'atu, don girman Allah. In kinka soke, Lawwali cewa za ya yi na gudu, kuma ya yi gaskiya in ya ce. Shekara biyu ina neman hilin da za ni tsaya gabanai. Rabin yaranmu sun ce ba su zuwa, layinmu guda. Ko mu biyar na, muna tahowa. Ko ni kaɗai."

"Albasar fa? Innarka fa?"

"Na hwaɗa mata. Ta yi kuka, ta ce in tahi. Ta ce tun ran da Lawwali yab bar zuwa cin ɗanwakenta gidan bai koma daidai ba. Albasa baɗi ma a shuka. Ni ban ji kiran da yay yi min ba, wallahi ban ji ba, amma kullum sai na ji shi yanzu. Ko bai ba ni hannu ba, shi dube ni shi zage ni, na gode."

Bara'atu na kuka sosai. Ba ta ga lokacin da Lawwali ya miƙo hannu ba, sai ji ta yi an zare wayar.

Ya riƙe ta kusa da baki.

"Kai wawa na."

"...Lawwali?"

"Na ce kai wawa na. Tun makaranta kanka ba ya aiki. Wane manomi ka barin albasa da ƙishi don shi zo shi sha kashi Wurno? Irin albasar da ni na zaɓo maka da hannuna garin Maikujera za ka ba awaki?"

Daga can aka ji wani abu, ba a san ko dariya ba ce ko kuka.

"Shi na har yanzu," in ji Zayyanu. "Irinka. Ban canza ba."

"Na sani ba ka canza ba, ina kag ga wayon canzawa."

"Lawwali, ka yahe..."

"Kai, rufe min baki. Ba a waya ba." Ya katse kiran ya miƙa mata abarta ba tare da ya kalle ta ba. Ya goge ido da bayan hannu, yana ƙunƙuni wai hayaƙin gonar maƙwabta ne, alhali ba wanda ya kunna wuta a fadamar nan kaf.

Ya ɗauki tasa wayar. Ya juya ta sama, ya juya ta ƙasa.

"Ina abin yake? Wanda kinka ce."

Ta matso a gwiwa, ta nuna masa ɗan ƙaramin maɓallin. Ya danna. Kwanakin wata suka bayyana. Ya bi su da yatsa yana lissafi irin na manoma: Jumu'a ba ta yi, Lahadi ranar ruwan su Lawwalin ce, Litinin kasuwa.

Ya danna Asabar.

Wayar Bara'atu ta yi ƙara a hannunta. Kafin ta gama karantawa ta sake yin wata. Kore a gefen Boyekai. Kore a gefen Wurno. A sama manhajar ta rubuta cewa wasa ya tabbata.

"Yaya..." Ta kama hannunsa da hannu biyu ta kifa goshi a kai.

"Ke, sake ni, hannun ga na da aiki ran Asabar." Ya janye, ya jawo kwanon tuwo ya kwance ƙyallen. "Kuma ki ji, ban ce na yahe ba. Sai mun zuba musu huɗu tukuna."

"Ba maki a ciki, Yaya."

"Ni ina ƙirgawa."

Ya kai loma ɗaya, ya kai ta biyu, kamar wanda ya shekara bai ci ba. Ita dai tana zaune tana kallonsa, tana dariya tana jan hanci. Da ya gama ya wanke hannu a kwata, ya dafa kafaɗarta ya miƙe, ya bar sandar a hannunta ta riƙe masa.

Sun kusa gida ana kiran magariba. Malam Siddiƙu ya fito zai tafi masallaci, ya tsaya yana kallonsu, ɗan na dafe da kafaɗar ɗiyar. Bara'atu ta sunkuyar da kai.

"To?" in ji Malam.

Lawwali ya gyara tsayuwa a kan ƙafarsa mai lafiya.

"Baba, a sa a share zaure ran Asabar. In an tashi wasa, muna da baƙi daga Boyekai."